Gwanayen Sama na Jamus: Ɗaruruwan Nasarori a Yaƙin da Aka Faɗi

Da safiyar 8 ga Mayu 1945, sa'o'i kaɗan kafin a ajiye makamai a Turai, wani matashi ɗan shekara 23 ya tashi da jirginsa samfurin Messerschmitt Bf 109 daga wani fili a ƙasar Cek. An aike shi ne ya leƙo inda dakarun Tarayyar Sobiyet suka iso. A saman birnin Brno ya tarar da jiragen Sobiyet, ɗaya daga cikinsu yana ta juyi a sama don burge sojojin da ke ƙasa. Ya faɗo masa, ya sakar masa wuta, ya juya gida. Sunan matashin Erich Hartmann, jirgin da ya kakkaɓo kuma shi ne na 352 a lissafinsa. Kafin rana ta faɗi, shi da mutanensa sun cinna wa jiragensu wuta sun nufi yamma don miƙa wuya ga Amurkawa.

Tun daga ranar har yau babu matuƙin jirgin yaƙin da ya ko kusanci wannan adadi. Gwanin gwanayen Amurka, Richard Bong, a 40 ya tsaya. Na Tarayyar Sobiyet, Ivan Kozhedub, ya ɗan haura 60. Amma a rundunar sama ta Jamus, wato Luftwaffe, matuƙa fiye da 100 ne aka rubuta wa kowannensu jirage 100 ko sama da haka. Goma sha biyar daga cikinsu sun wuce 200, biyu sun wuce 300. Duk da haka ƙasar da ta haifi waɗannan gwanaye ta wayi gari biranenta sun zama kufai, sararin samaniyarta kuma yana hannun abokan gaba. Abubuwan biyu ba su saɓa wa juna ba, domin tsarin da ya tara wa mutum ɗaya ɗaruruwan nasarori shi ne ya cinye rundunar da yake yi wa aiki.

Daga bindigar hannu zuwa jan jirgi

A 1914, lokacin da Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke, aikin jirgin sama leƙen asiri ne. Idan matuƙan ɓangarorin biyu suka haɗu, sai dai su harbi juna da bindigar hannu, galibi kowa ya wuce abinsa. Matsalar farfela ce: wanda ya ɗora mashinga a hancin jirgi zai karairaye farfelarsa da kansa. A 1915 kamfanin Anthony Fokker, ɗan ƙasar Holan da ke ƙera wa Jamus jirage, ya fito da na'urar da ke daidaita bugun bindiga da juyin farfela, harsashi ya riƙa bi ta tsakanin fukafukanta. Daga nan inda matuƙi ya sa hancin jirgi, nan wuta take sauka.

Waɗanda suka fara cin moriyar wannan ƙira su ne Max Immelmann da Oswald Boelcke. Rana ɗaya aka rataya musu babbar lambar yabo ta Pour le Mérite a Janairu 1916, kowannensu da jirage takwas. Boelcke ne ya mayar da abin sana'a mai ƙa'ida. Ya tsara dokoki takwas da har yau ake ambatonsu a makarantun sojan sama: matuƙi ya nemi fifiko kafin ya kai hari, ya sa rana a bayansa, ya zo ta bayan abokin gaba, kada ya taɓa kunamar bindiga sai ya matso sosai, kada kuma ya manta da hanyar komawa gida. Immelmann ya mutu a Yuni 1916. Boelcke ya bi shi ranar 28 ga Oktoba da jirage 40, bayan jirginsa ya gogi na wani yaronsa a tsakiyar faɗa.

Cikin yaran da Boelcke ya zaɓo da kansa akwai wani tsohon hafsan sojan dawakai, Manfred von Richthofen. Ba a san shi da gwanintar juya jirgi ba. Mafarauci ne tun yana yaro, mai haƙuri da iya saiti. Ya kakkaɓo jirginsa na farko ranar 17 ga Satumba 1916, a Nuwamba kuma ya kashe Lanoe Hawker, ɗaya daga cikin fitattun matuƙan Birtaniya. A farkon 1917 ya shafe jirginsa da jan fenti don kowa ya gane shi daga nesa. A watan Afrilu na shekarar Birtaniya ta rasa jirage 245, fiye da 20 daga ciki a hannunsa. Duk jirgin da ya harbo sai ya sa wani maƙerin Berlin ya yi masa ƙaramin kofin azurfa, har zuwa na 60, lokacin da azurfa ta yi wuya a Jamus.

A Yuli 1917 harsashi ya fasa masa kai, ya tashi da ciwon kan da bai ƙara rabuwa da shi ba. Hukuma ta so ya daina tashi, ya ƙi. Ranar 21 ga Afrilu 1918 ya karya dokar malaminsa: ya bi wani sabon matuƙi ɗan Kanada ƙasa-ƙasa har cikin yankin abokan gaba kusa da kogin Somme a Faransa. Harsashi ɗaya ya ratsa ƙirjinsa. An daɗe ana cewa matuƙi Roy Brown ne ya harbe shi, amma akasarin masu bincike yanzu sun karkata ga cewa sojojin Ostireliya ne daga ƙasa. Ya mutu yana da shekara 25 da jirage 80, Ostireliyawan kuma suka binne shi da faretin girmamawa. Wanda ya riƙe rundunarsa a ƙarshen yaƙin shi ne Hermann Göring, mai jirage 22, wanda daga baya zai zama uban Luftwaffe a zamanin Hitila.

Makarantar Sifen da tseren lambobi

Yarjejeniyar Versailles ta 1919 ta haramta wa Jamus mallakar rundunar sama. Jamusawa suka bi ta bayan gida: daga 1925 zuwa 1933 suna horar da matuƙa a ɓoye a Lipetsk, cikin Tarayyar Sobiyet, a gida kuma matasa suna koyon tashi a ƙungiyoyin jirage marasa inji. A 1935 gwamnatin Nazi ta fito fili da Luftwaffe, shekara guda bayan haka ta tura matuƙanta Sifen don taya Janar Franco yaƙin basasa. Rundunar da aka tura, Condor, ita ce ta yi wa garin Guernica ruwan bama-bamai ranar 26 ga Afrilu 1937.

A Sifen ne Werner Mölders, wanda ya harbo jirage 14 a can, ya gyara salon faɗan da duniya ta kwaikwaya daga baya. Maimakon jirage uku su tafi a cure suna fama da gudun karo da juna, sai a tafi biyu-biyu a baje: shugaba yana farauta, na biyu yana tsare masa baya. Biyu da biyu su haɗu su zama huɗu. Tsarin ya ba Jamusawa fifiko a Polan da Faransa. Amma yana da wani sakamako da ya shafi lissafi kai tsaye: shugaba ne ke harbi. Mai tsaron baya yana iya fita sau ɗari bai samu ko jirgi ɗaya ba, kuma sau da yawa shi ake fara kakkaɓowa.

A lokacin gwabzawar sararin Ingila a 1940, jaridu da fina-finan labarai na Jamus suka mayar da yaƙin tsere tsakanin mutum uku: Mölders, Adolf Galland da Helmut Wick. Kowace lambar yabo tana da adadin jiragen da ake buƙata, Hitila kuma da hannunsa yake miƙa manyan. Su kansu matuƙan suna yi wa mai kwaɗayin lambar da ake ratayawa a wuya ba'a da cewa ciwon maƙogwaro ke damunsa. Wick ya kai 56 ranar 28 ga Nuwamba 1940, ya hau kan gaba, a wannan fitar kuma aka harbo shi ya faɗa teku, ba a ga gawarsa ba. Jamus dai ba ta ci Ingila ba. Man da Bf 109 ke ɗauka bai ba shi damar daɗewa a saman Landan fiye da 'yan mintoci ba, jiragen bama-baman da yake rakiya kuma suka yi ta zuba.

Mölders ne ya fara cika 100 a tarihi, a Yuli 1941. Aka hana shi tashi, aka ba shi shugabancin dukan matuƙan farauta. Ya mutu a hatsarin jirgi ranar 22 ga Nuwamba 1941 a kan hanyar zuwa jana'izar Ernst Udet, gwanin yaƙin farko mai jirage 62, wanda ya kashe kansa bayan ya gaza riƙe sashen ƙera jirage. Galland ya gaji kujerar yana ɗan shekara 29.

Tauraron hamada da hanyar Kano

Cikin dukan gwanayen, wanda abokansa suka fi jinjina wa iya harbi shi ne Hans-Joachim Marseille, ɗan Berlin. Ya fara aiki da sunan banza: ga son shagali, ga ƙin bin oda, ga lalata jirage. Shugabansa Johannes Steinhoff ya gaji da shi ya tura shi wata runduna, JG 27, wadda aka kai Libiya a Afrilu 1941 don tallafa wa Janar Rommel. A can kwamandansa Eduard Neumann ya ga abin da wasu ba su gani ba, ya sakar masa mara.

Matuƙan Birtaniya da na Afirka ta Kudu idan aka kai musu hari sukan yi da'ira, kowa yana tsare bayan na gabansa. Marseille sai ya faɗo tsakiyar da'irar kamar shaho cikin 'yan tsaki, ya rage gudu, ya harba inda jirgi zai iso maimakon inda yake, ya fice ya sake dawowa. Ranar 3 ga Yuni 1942 ya harbo jirage shida na rundunar Afirka ta Kudu kusa da Bir Hakeim cikin 'yan mintoci. Ranar 1 ga Satumba ya yi iƙirarin 17 a fita uku. Jimillarsa 158, kuma 151 daga ciki a Arewacin Afirka.

Da yawa daga jiragen da Birtaniya ke yaƙi da su a wannan fage ta ƙasar Hausa suka bi. Saboda tekun Bahar Rum ya zama tarko, daga Satumba 1940 ana kai jirage cikin akwatuna tashar Takoradi a Gana ta yau, a harhaɗa su, sannan su taso ta Legas, su sauka Kano, su wuce Maiduguri, su ratsa Cadi zuwa El Geneina da Khartoum, har Alƙahira. Tafiyar ta kusan kilomita 6,000 ce, jirage fiye da 5,000 kuma suka bi ta kafin ƙarshen 1943. Jamusawa sun san darajar hanyar, shi ya sa a Janairu 1942 jirginsu guda ya ratso Sahara ya jefa bama-bamai a filin jirgin Fort Lamy, wato Njamena ta yau. Duk wanda Marseille ya harbo, wani yana tafe a madadinsa ta wannan hanya.

Ranar da ya yi iƙirarin 17 ɗin tana nuna gurbin da ke cikin lissafin. Ƙananan jiragen faɗa ya harbo. A ƙasa kuwa, jiragen bama-baman Birtaniya suna ta ragargaza motoci da tankokin Rommel a Alam Halfa ba mai hana su, harin Rommel kuma ya ci tura. Cikin duk abin da Marseille ya harbo, jiragen bama-bamai ƙalilan ne. Ranar 30 ga Satumba 1942 injin jirginsa ya kama hayaƙi kusa da Sidi Abdel Rahman a Masar. Ya yi tsalle, wutsiyar jirgin ta buge shi, lemarsa ba ta buɗe ba. Shekararsa 22. A wannan watan rundunarsa ta riga ta rasa wasu manyan gwanayenta biyu, gwiwar sauran ta yi sanyin da sai da aka janye su daga fagen daga na ɗan lokaci. Makonni uku bayan mutuwarsa aka fara yaƙin El Alamein.

Gabas, inda lambobin suka kumbura

Akasarin manyan lambobin daga fagen gabas suka fito. A ranar farko ta mamayar Tarayyar Sobiyet, 22 ga Yuni 1941, Sobiyet ta rasa jirage kusan 1,200, galibi a ƙasa. Matuƙanta na farkon yaƙi ba su da isasshen horo, jirage da yawa ba rediyo. Faɗan kuma ƙasa-ƙasa ake yin sa a saman fagen daga, filayen jirage suna kusa, matuƙi yana iya tashi sau uku ko huɗu a yini kuma kusan kullum ya ga abin harbi. Runduna ɗaya, JG 52, ta yi iƙirarin jirage fiye da 10,000. Daga cikinta manyan ukun suka fito: Hartmann da 352, Gerhard Barkhorn da 301, Günther Rall da 275.

Babu wanda ya fara da gwaninta a cikinsu. Barkhorn sai a fitarsa ta 120 ya samu jirgin farko. Hartmann, ɗan likita wanda mahaifiyarsa ta koya masa tuƙa jirgi marar inji, ya iso a Oktoba 1942 da fuskar yara, abokansa suka riƙa kiransa Bubi, wato ɗan yaro. A faɗansa na farko ya bar shugabansa, ya ruɗe cikin gajimare, ya gudu daga jirgin shugaban nasa yana zaton abokin gaba ne, mai ya ƙare masa ya faɗi. Hukuncinsa kwana uku yana aiki tare da makanikai.

Daga shugaban nasa, Edmund Rossmann, wanda rauni a hannu ya hana shi kokawar juyi a sama, Hartmann ya koyi tsayawa daga nesa ya karanta fage kafin ya shiga. Daga Walter Krupinski ya koyi matsowa. Salonsa matakai huɗu ne: ya gani, ya yanke shawara, ya kai hari, ya fice. Ba ya harbi sai jirgin abokin gaba ya cika masa gilashin gaba, wani lokaci tazarar ba ta wuce mita 20 ba. Akasarin waɗanda ya harbo ba su san yana nan ba. Kusancin nan ya sa tarkacen jiragen da ya fasa suka sha kayar da nasa, ya yi saukar dole fiye da sau goma sha biyu. A Agusta 1943 ya faɗa hannun sojojin Sobiyet, ya yi kamar ya ji rauni, ya dira daga motar da ke ɗauke da shi ya dawo da ƙafa.

Babban sirrin dai yana cikin yawan fita. Hartmann ya tashi sau 1,404, ya yi faɗa sau 825. Idan aka raba, jirgi ɗaya ke nan a kowace fita huɗu. Ba'amurke Robert Johnson ya harbo 27 a fita kusan 90, wato ya ma ɗan fi shi sauri, amma sai aka mayar da shi gida. Haka aka janye Bong bayan na 40. Amurka da Birtaniya suna cire gwani daga fage su kai shi makaranta ya koyar da ɗaruruwa. Bajamushe kuwa yana tashi ne har sai ya mutu, ko ya nakasa, ko yaƙi ya ƙare. Rall ya karye a baya a 1941, ya dawo, aka harbe masa babban yatsa a 1944, ya sake dawowa. An harbo shi sau takwas.

Shin lambobin gaskiya ne? A takarda tsarin Jamus mai tsauri ne: matuƙi ya rubuta rahoto, a samu shaida daga sama ko daga ƙasa, a aika Berlin don tabbatarwa, kuma ba a raba jirgi ɗaya tsakanin mutum biyu. Amma shaidar sau da yawa mai tsaron bayansa ne, jirgin da ya yi hayaƙi ya nufi ƙasa kuma yana iya isa gida. A Agusta 1942 an kama wasu matuƙa huɗu na JG 27 suna zazzage harsasansu a cikin yashi suna dawowa da labarin nasara. Bayan an buɗe kundin ajiyar Sobiyet, masu bincike sun gano cewa iƙirarin wasu gwanayen ya yi daidai da asarar da aka rubuta, na wasu kuma, har da Hartmann a wasu lokutan, ya zarce ta da yawa. Ƙarin gishiri irin wannan ya faru a kowace runduna a yaƙin. Ko an zabge rabi, abin da ya rage ya fi na kowa.

Shekarar da rundunar ta karye

A saman Jamus kanta lissafin daban ne. Da dare, matuƙa irin su Heinz-Wolfgang Schnaufer suna bin jiragen bama-baman Birtaniya samfurin Lancaster da na'urar rada, su shiga ƙarƙashinsu, su harba da bindigogin da aka kafa suna kallon sama. Schnaufer ya harbo 121, kusan kowanne ɗauke da mutum bakwai. Rundunar bama-bamai ta Birtaniya ta rasa mutum fiye da 55,000 a yaƙin. Da rana kuma ayarin jiragen Amurka ne, kowanne da mashinga goma ko fiye, har ta kai gwanayen da suka tara ɗari a gabas suna mutuwa cikin makonni idan aka dawo da su gida. Hans Philipp mai 206 ya mutu a Oktoba 1943.

A farkon 1944 jirgin Mustang na Amurka, mai iya rakiya har Berlin ya dawo, ya shigo fage, Janar Doolittle na Amurka kuma ya ba matuƙansa izinin barin ayari su farauci Jamusawa duk inda suke. Daga Janairu zuwa Mayu Luftwaffe ta rasa matuƙan farauta fiye da 2,200, kusan daidai da yawan waɗanda take da su a farkon shekarar. Manyan kwamandoji irin su Egon Mayer, Wolf-Dietrich Wilcke da Walter Oesau duk sun tafi a wannan tsakani. Daga Mayu aka fara ƙona matatun man Jamus, makarantu suka rasa man horarwa. Yaran da ake turowa ba su samu ko rabin sa'o'in tashin takwarorinsu na Amurka ba, da yawa ba sa wuce fita goma. A wannan shekarar ce Hartmann ya harbo 172, mafi yawa a rayuwarsa, ya karɓi lambar lu'ulu'u daga hannun Hitila, wadda mutum 27 kacal suka samu a dukan yaƙin.

Ranar 1 ga Janairu 1945 aka tattara abin da ya rage aka kai harin ba-zata kan filayen jiragen ƙawance a Beljiyam da Holan da Faransa. An lalata jirage da yawa a ƙasa, waɗanda aka maye gurbinsu cikin kwanaki, Jamus kuma ta rasa matuƙa fiye da 200 a safiya ɗaya. Göring ya zargi matuƙansa da ragwanta, ya tuɓe Galland. Manyan kwamandoji ƙarƙashin Günther Lützow suka tunkare shi da ƙorafi, ya watsa su. Daga baya aka bar Galland ya tara gwanayen da suka rage a wata ƙaramar runduna mai tashi da Me 262, jirgin jet na farko da ya shiga yaƙi. Steinhoff ya ƙone a fuska ranar 18 ga Afrilu, Lützow ya ɓace ranar 24, Galland ya ji rauni ranar 26 da jimillar 104.

Bayan yaƙi, da abin da ya kai su Kaduna

Littattafan da waɗanda suka tsira suka rubuta bayan 1945 sun nuna su a matsayin sojojin sana'a waɗanda ba ruwansu da siyasa, masu mutunta abokin gaba. Akwai misalan da ke goyon bayan haka. A Disamba 1943 Franz Stigler ya ƙi ƙarasa wani jirgin Amurka da ya ragargaje, ya raka shi har bakin teku. Amma wannan bai goge aikin da gwanintarsu ta yi ba. Su ne suka share sama ga mamayar da ta ci rayukan mutanen Sobiyet kimanin miliyan 27, a bayan dakarun kuma ana kashe Yahudawa gari bayan gari. Sassan jiragen Messerschmitt da suke tuƙawa fursunoni ne ke ƙera su a sansanonin gwale-gwale na Flossenbürg da Gusen, inda dubbai suka mutu. Hotunansu kuma su ne jarin farfagandar gwamnatin Nazi.

Amurkawa sun miƙa Hartmann ga Sobiyet. Aka yanke masa shekara 25, ya yi goma a sansanoni, ya ƙi amincewa ya yi wa Jamus ta Gabas aiki. Ɗansa da aka haifa a 1945 ya rasu bai taɓa ganinsa ba. An sako shi a 1955 bayan ziyarar shugaban gwamnatin Jamus ta Yamma Konrad Adenauer zuwa Mosko. Ya shiga sabuwar rundunar sama ta Jamus ta Yamma, ya jagoranci rundunar JG 71, ya kuma fito fili ya soki sayen jirgin F-104 Starfighter, abin da ya jawo masa ritaya a 1970. Daga cikin 916 da aka saya, 292 sun faɗi, matuƙa 116 suka mutu. Ya rasu a 1993, a 1997 kuma Rasha ta soke hukuncin da aka yi masa. Steinhoff da Rall duk sun shugabanci sabuwar rundunar, Steinhoff har ya riƙe kwamitin soja na ƙungiyar NATO.

Wannan sabuwar runduna ce ta taimaka wajen kafa rundunar sojan sama ta Nijeriya. Bayan yarjejeniya da Jamus ta Yamma a 1963, tawagar Jamusawa ta zo ta fara horarwa a Kaduna, Kanar Gerhard Kahtz ya zama shugaban rundunar na farko. Wanda ya gaje shi a ƙarshen 1965, Kanar Wolfgang Thimmig, gwanin faɗan dare ne a yaƙin Hitila, da jirage 24 a lissafinsa. Ya bar kujerar bayan juyin mulkin Janairu 1966, George Kurubo ya zama ɗan ƙasa na farko da ya hau ta.

A Jamus kuwa muhawara kan sunayensu ba ta mutu ba. Rundunonin sama uku har yanzu suna ɗauke da sunayen Richthofen, Boelcke da Immelmann, gwanayen yaƙin farko. Na zamanin Hitila ana ta cire su. A 1998 majalisar dokoki ta yanke cewa kada a ƙara karrama waɗanda suka yi aiki a rundunar Condor, a 2005 aka cire sunan Mölders daga rundunar da ke Neuburg, duk da adawar tsofaffin hafsoshi. A 2021 barikin da ke ɗauke da sunan Marseille a Appen ya koma sunan Jürgen Schumann, matuƙin jirgin fasinja na Lufthansa da masu fashin jirgi suka kashe a Aden a 1977. Barikin Neuburg kuwa tun 1973 yake amsa sunan Wilhelm Frankl, gwanin yaƙin farko ɗan asalin Yahudawa, wanda ya samu Pour le Mérite a 1916, ya mutu a fagen daga a Afrilu 1917, kuma 'yan Nazi suka cire shi daga jerin jaruman ƙasar.